Faifan da Facalata Ta Bari

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Facalata, matar wan mijina, ta riga ni komawa ranar wata Laraba da hantsi, tana zaune a gindin turminta a gidanmu na Gwiwa. Allah Ya jiƙanta, Ya sa ta huta.

Ni ban yi boko ba. Surukata ce take rubuta wannan, na kuma gaya mata kada ta gyara mini magana. Na ce a rubuta ne saboda na zauna na saurari 'yan ta'aziyya, na ji kowa yana faɗin guntun abin da ya sani. In aka bar shi haka, guntun ne zai rage.

Gidan ya cika tun kafin a fita da ita. 'Ya'yanta mata sun iso, ta Roni da ta Babura, kowace da dangin mijinta. Duk wadda ta shigo sai ta durƙusa ta ce, "Ya haƙuri?" mu ce, "Da godiya." Kafin ta gyara zama sai ta ce, "Ina lambar nan da aka ba ta a Kazaure?" Sai a miƙo mata. Wani katako ne mai fuskar gilashi da rubutu a ciki, an ba ta shi shekarun baya a taron karrama waɗanda ciwo ya naƙasa amma ba su zauna ba. Haka ya yi ta yawo daga hannu zuwa hannu. Wata tsohuwa daga Kanya Babba ta kai shi hanci, ta ce, "Ikon Allah, har lambar ma ƙanshin daddawa take yi." Aka yi dariya da hawaye a ido, aka koma istigfari.

Bafulatanar da take kawo mana nono ba ta taɓa lambar ba. Ta zauna a bakin ƙofa ta ce, "Yanzu wa zai riƙa ce mini na zuba ruwa a nono?" Sai ta ja mayafi ta rufe fuska. Maƙwabciyarmu 'yar Kudu, matar ma'aikacin asibiti, ta shigo da kuka mai ƙarfi irin nasu, sai da na dafa ta na ce, "Yi a hankali, kin san ba ta son hayaniya."

Ni kuwa idona ba a kan lambar yake ba. Yana kan labulen ɗakin da ke kusa da rumbu. A cikinsa ɗan farina yake.

Ba na faɗin sunansa, ba na zama hira da shi, haka muka tashi muka ga iyayenmu suna yi wa 'ya'yan fari. Ranar da aka yaye shi facalata ta ɗauke shi ta goya, tun daga nan ya zama nata. Ita ba ta haifi namiji ba. Ita ta yi masa kaciya, ita ta nema masa aure, ita yake kira Inna. Ya girma ya kafa injin niƙa a bakin kasuwa. Bara da kaka bel ɗin injin ya kama hannun rigarsa ya ja, aka kai shi asibiti, aka dawo da shi babu hannun dama daga wuyan hannu. Ciwon ya warke, amma shi bai fito ba. Ko sallar Juma'a a ɗaki take wuce shi. Ba zafin ciwo ne ya ɓoye shi ba, gaisuwa ce. Namiji in ya fita, kowa hannu zai miƙo masa, shi kuma ba shi da abin miƙawa.

Ranar jana'iza ya bi bayan mutane zuwa maƙabarta, hannu cikin babbar riga, kafin a juyo a fara gaisawa har ya dawo ya saki labule. Mijinta ya rasu, nawa ma haka. Wanda ya kamata ya zauna a tabarmar ƙofar gida ya karɓi gaisuwar maza shi ne ɗan da ta goya. Sai ga shi mazan 'ya'yanta ne a zaune, surukai suna karɓar ta'aziyya a gidan da ke da namiji. Ina jin masu wucewa ta bayan katanga suna cewa, "Ina ɗan nata?" Kuma mutum ɗaya da yake bari ta ɗaga labulen nan, ita ce aka binne. Na san in zaman makoki ya watse bai fito ba, to shi ke nan, ɗakin ya ci shi.

Bari in faɗi wace ce ita, don a gane abin da ya biyo baya.

Ranar da aka kawo ni gidan nan na tarar da ita tana wanke kalwa. Ta ɗago ta dube ni ta ce, "Amarya, in kin gama kukan, ga rariya." Tun daga ranar sunana Amarya a bakinta, har haƙorana suka zube, har na yi jikoki. Ni kuma Yaya nake ce mata. Sana'arta daddawa, kuma ba ta da wasa a kanta. In kalwa tana kan wuta, ko haihuwa ake yi a gidan sai ta leƙa tukunya. Maganar da ba ta rabuwa da bakinta ita ce, "A gama tukuna." Yaro ya faɗi yana ɗauke da tulu, "A gama tukuna, ka yi kukan in ka sauke." Ranar da mijinta ya rasu, sai da ta kwashe shanyar da ke rana ta rufe, sannan ta zauna ta yi abin da mace take yi. Wasu sun ce taurin zuciya ne. Ni da na zauna da ita na san ba haka ba ne. Tana yin kukan, a bayan rumbu, in aiki ya ƙare.

Bayan ta fita takaba da 'yan shekaru, hawan jini ya kayar da ita a bakin murhu. Ɓarin jikinta na dama ya shanye, baki ya karkace. A hankali bakin ya dawo, ƙafar ta yarda tana ja, amma hannun ya tafi ke nan. Yana rataye kamar ba nata ba.

A nan muka yi faɗan da ba mu taɓa yin irinsa ba. Ta sa an dafa mata kalwa, ta ce ita za ta surfe da kanta. Na ga rana tana yi ba ta ci rabi ba, sai da ta shiga sallar azahar na ɗauki taɓarya na ƙarasa. Ta fito ta tsaya a kan turmin.

"Amarya, wa ya surfe mini kalwa?"

"Ni ce, Yaya."

"Na aike ki?"

"Ba ki aike ni ba. Gani na yi za ta lalace."

"To ki haɗa da likkafanin, tunda kin fara yi mini hidimar gawa."

Ta sa aka kwashe kalwar aka raba wa maƙwabta. Muka daina magana har damina ta faɗi, muna tsakar gida ɗaya, saƙo sai ta bakin jikoki. Har gobe ina nan a kan bakana, kalwar nan da ta lalace. Amma ban ƙara taɓa mata taɓarya ba.

Ta sa masassaƙi ya yi mata gajeriyar taɓarya. Ta koyi daka a zaune da hagu, ta tokare turmin da gwiwa. Mulmula kuwa a bayan ƙwarya take yi, ta danna da tafin hannu. Duk wannan ta iya. Abu ɗaya ne ya tsaya mata: miƙa wa mutum abu da hagu. Ita da ta yi shekaru tana buge hannun yara in sun karɓi abu da hagu, yau ita za ta ba mai ciniki abin miya da shi? Liman ya aiko mata cewa lalura ce, babu laifi a kanta. Ta ce, "A gaya wa Malam na gode, na san Allah Ya yafe mini. Ni ce ban yarda ba."

Sai ta ɗauki wani ƙaramin faifai, ta ɗinka masa igiya a ƙarƙashi kamar maɗaukin takalmi. In za ta ba da abu, sai ta zura mataccen hannun a igiyar, ta ɗora abin a kan faifan, ta sa hagu ta tallafo gwiwar hannun dama ta ɗaga, kamar yadda mai ladabi yake miƙa wa babba abu. In za ta karɓa ma haka. Wanda bai sani ba sai ya ɗauka tsabar biyayya ce.

Ni aka fara miƙa wa faifan nan. Ina tankaɗe ta jawo ƙafa ta tsaya a kaina, da daddawa a kan faifan, karkatacciya, wata babba wata ƙarama.

"Ɗanɗana, Amarya."

Na gutsura na sa a baki. Na ce, "Ba ta kai ta da ba."

Ta ce, "Na sani. Da kin ce ta kai, da mun ƙara wata daminar ba ma magana."

Shiryawarmu ke nan.

Ta koma kasuwa. Ɗan nata yake ɗora ta a babur ranar kasuwa ya kai ta rumfa. Fataken Nijar da ke biyowa ta Babura suka sa mata suna mai faifai, in ba su gan ta ba sai sun tambayi gida. A haka labarinta ya kai kunnen wata ƙungiya a Kazaure. Suka zo mata har tsakar gida, mata da maza, suka ce suna karrama masu buƙata ta musamman da suka yi juriya.

Ta ce, "Wace buƙata? Ni buƙatata kalwa ta yi araha."

Suka yi dariya, suka sake bayani. Ta ce, "Ni ciwo na yi, ba gasa na shiga ba." Sai da ɗan ya yi ta lallashi, ya ce ai ranar za su iya biyawa kasuwa su ji farashin kalwa, sannan ta ce a wanke mata zanenta na Sallah.

Ni ma na bi su a mota, don in gani da idona. An zaunar da su a gaba: wani gurgu mai facin taya daga Babura, wata malamar makaranta da ta rasa ƙafa a haɗarin mota, da wani makaho daga Roni mai tufka igiya. Kusa da makahon aka sa ta. Ya juyo ya ce, "Baiwar Allah, ban gan ki ba, amma hancina ya san sana'arki." Ta ce, "Ka gode Allah da Ya bar maka hancin, da miyar lami za a yi ta ba ka." Kafin a fara taro sun zama kamar 'yan gida ɗaya.

Da aka kira ta, wani babban mutum ya miƙo lambar, mai hoto ya gyara tsayuwa. Ita ko motsi ba ta yi ba. Mai magana a lasifika ya ce, "Karɓi mana, Baba, da hagun ma ya yi." Ta yi kamar ba ta ji ba. Ta sa hannu cikin mayafi ta zaro faifanta, ta zura dama a igiya a gaban jama'a, ba gaggawa, ta tallafo ta ɗaga. Babban mutumin nan, Allah Ya saka masa, ya rusuna ya ɗora mata da hannu biyu. Katakon da nauyi, na ga faifan ya lanƙwasa, na ga jijiyar wuyanta ta tashi, amma ba ta bari ya faɗi ba.

Ta ce, "Dama ce ta karɓa, ranka ya daɗe. Hagu rakiya ta yi."

Aka kai mata lasifika a baki wai ta yi wa jama'a nasiha. Ta ce, "Ba ni da abin faɗa. Mai son daddawa, ina Gwiwa ranar kasuwa."

Mutane suka yi ta tafi. Shi kuwa ɗan nata kunya ta kama shi. A bakin ƙofa ina jinsa yana cewa, "Haba Inna, faifai a gaban manya? Ai da kin karɓa kawai, kowa ya san lalura ce."

Ta dube shi ta ce, "Allah kada Ya nuna maka ranar da za ka gane."

Lambar kuwa, da muka dawo ta juya ta, ta auna nauyinta a hannu, ta ce, "Wannan daidai danne kwando." Tun daga ranar, in ta rufe dafaffiyar kalwa don ta nuna, ita take ɗorawa a kan murfin. Abin da tsohuwar Kanya Babba ta shinshina ke nan.

Da ranar da ta roƙa kada ta zo ta zo, injin ya cinye masa hannu, ba ta taɓa tuna masa maganar ba. Kullum da safe za ta ja ƙafa ta ɗaga labulen, ta shiga da kunu su sha tare. Ni ina daga bakin murhu, kunnena yana can. Wata rana na ji ya ce, "Inna, in mutum ya miƙo mini hannu, me zan ba shi?"

Ta ce, "Abin da Allah Ya bar maka."

"Dungu?"

"In aka tarar da mutum yana cin tuwo aka zo gaisawa, ba wuyan hannu yake miƙawa ba? Ka taɓa ganin wanda ya ƙi karɓa?"

Da ta fito na tare ta na ce, "Yaya, lallashin ya isa. Ki yi masa faɗa, ke yake jin maganarki." Ta ce, "Amarya, ni damina guda na yi ban leƙa zaure ba, kin manta? Bar shi. Ina nan ina shiri." Ban tambaye ta wane shiri ba, don ba a tambayarta.

Washegarin rasuwarta muna haɗa kayanta da 'ya'yanta, na ga faifan a rataye a ƙusa. Na sauko da shi, haka kawai na zura hannuna a igiyar. Hannun ya shige har da sauran wuri. Na tsaya. Hannun Yaya da ya shanye ya rame kamar kara, igiyarta ko yatsuna huɗu ba ta ɗauka. Na juya faifan. An warware tsohon ɗinkin, an sa sabuwar igiya mai faɗi, daidai damtsen namiji. Ɗinkin a karkace, zaren duk alamar haƙori. Sai na tuna kwanakin baya na gan ta a inuwa da allura a baki, na ce me ake ɗinkawa, ta ce, "Ina ruwanki, Amarya."

Ban gaya wa kowa ba. Na sa shi a ƙarƙashin zanena.

Ranar sadakar uku da safe maza suka cika ƙofar gida, har mutanen ƙungiyar nan ta Kazaure sun zo, sun taho da makahon Roni. Na zuba dabinon sadaka a kwano, na ɗauki faifan, na nufi ɗakin ɗan farina, wanda rabona da tsayawa a ƙofarsa tun ranar da aka kawo amaryarsa. Na ajiye su a bakin labule. Na kira matarsa, wannan mai rubutun, ta zo ta tsaya kusa da ni. Na ɗaga murya yadda na ciki zai ji.

Na ce, "Ke, ki gaya wa mijinki surukai ne suke karɓar gaisuwar matar da ta goya shi. Ki gaya masa ga dabino, ba mai rabawa. Ki kuma gaya masa ya juya faifan nan ya duba. Ba ni na faɗaɗa igiyar ba, ni ɗinkina bai taɓa karkacewa haka ba."

Yarinyar ta buɗe baki za ta maimaita, na ce, "Ya ji."

Na koma bakin murhu na zauna na ba ɗakin baya. Na ji an ja faifan ciki. Labulen bai ƙara motsi ba. Har na fara cewa a raina Yaya ta yi wahalar banza. Can sai na ji ƙarar dabino yana zuba a kan faifai.

Ya fito da farar riga, ya naɗe hannun rigar na dama, dungun yana cikin igiya, hagu ta tallafo gwiwar hannu. 'Yarta ta Roni ta toshe baki da mayafi. Bai dubi kowa ba, ya wuce zaure. Ni ma na tashi na bi, na tsaya a bayan ƙyaure inda ake gani ta tsaga.

Maza suka ɗago. Allah Ya sa taubashinsa yana wurin, ɗan ƙanwar mijina, wanda bakinsa ba ya rufuwa ko a makoki. Ya ce, "A'a, yau kuma tallan me aka fito da shi? Ina ɗankwalin?"

Sai na ji yaron ya ce, "Ɗebi ka toshe bakin, kafin in fasa ba ka."

Aka yi 'yar dariya, aka fara ɗiba. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana rusunawa da faifan, har ya zo kan makahon. Shi makaho bai ga faifai ba, bai ga dungu ba. Ya ji mutum a gabansa, sai ya miƙo hannu don a gaisa, ya bar shi a miƙe.

Yaron ya tsaya. Na ga ya kalli hannun, ya kalli ƙofar da ya fito. Sannan ya sunkuya ya ajiye faifan a tabarma, ya zare dungun daga igiya, ya sa shi a tafin makahon.

Makahon ya riƙe. Ya shafa da ɗaya hannun har ya gane abin da ya riƙe, bai saki ba. Ya ce, "Ɗan mai daddawa ne?"

"Ni ne, Baba."

"Ya haƙuri?"

"Da godiya."

"To zauna nan kusa da ni. Tun ɗazu nake tambaya ina mai makokin."

Surukan suka matsa suka ba shi tsakiyar tabarma. Duk wanda ya iso bayan nan, shi ya fara miƙa wa hannu, shi kuma ya miƙa abin da Allah Ya bar masa. Ban ga wanda ya ƙi karɓa ba.

Da yamma 'yar Roni da 'yar Babura suka fara ja-in-ja a kan wadda za ta tafi da lambar. Suka ce in raba musu gardama. Na ce duk wadda za ta ci gaba da daddawa ta ɗauka, don aikinta ke nan. Faifai kuwa kada wadda ta tambaya, yana da mai shi.

Aka yi addu'a, baƙi suka watse, na ga an wanke tukwane an kife, an naɗe tabarmi, shi kuma ya bi maza masallaci sallar magariba. Na duba tsakar gida, babu sauran aiki. An gama, Yaya. Sai na zaga bayan rumbu, wurinki, na yi nawa.

Allah Ya gafarta miki, Ya haskaka kabarinki, Ya ba ki littafinki a hannun dama, Ya sa ki karɓa da kanki ba da faifai ba. Mu kuma in tamu ta zo, Ya sa mu cika da imani.